Fina-finan Kaboyi Kafin Zuwan Sauti: Wa Ya Ba da Labarin Ƙasar, Wa Aka Hana Magana?

A ranar 29 ga Disamba 1890, sojojin Amurka suka buɗe wa mutanen ƙabilar Lakota wuta a bakin rafin Wounded Knee da ke Dakota ta Kudu. Sama da mutum 250 suka mutu, da yawansu mata da yara. Abin da ya tayar wa hukuma hankali tun farko wata rawar ibada ce da ta bazu a cikin ƙabilun yankin, wadda masu taka ta suka yi imani za ta dawo musu da matattunsu da ɓakanensu da ƙasarsu. Ba a cika shekara huɗu ba, a watan Satumba 1894, aka shigar da wasu 'yan Lakota cikin ɗan ɗakin ɗaukar hoto na Thomas Edison a New Jersey, suka taka rawa a gaban kyamara, aka laƙaba wa hoton sunan waccan rawa. Tsawonsa bai kai minti ɗaya ba. Mutanen kuwa ma'aikata ne a wasan dawaki da harbi na Buffalo Bill, wanda ke yawo da su gari-gari.

Duk mai son fahimtar fina-finan kaboyi na zamanin da fim ba ya magana, daga wannan kusancin ya kamata ya fara. Yau in aka ce fim ɗin kaboyi, abin da ke zuwa a rai tsohon tarihi ne mai ƙura. A wancan lokaci kuwa jinin bai gama bushewa ba. Waɗanda aka ci da yaƙi suna raye, waɗanda suka ci su suna raye, 'yan fashin da suka tare jiragen ƙasa wasunsu suna kurkuku wasunsu sun fito. Kuma da yawa daga cikinsu sun tsaya da ƙafafunsu a gaban kyamara. Shari'ar ƙasa ce ake yi a bainar jama'a, wanda ya karɓe filin shi ke riƙe da kyamara, wanda aka karɓe wa kuma an ɗauke shi haya ya fito a labarin faɗuwarsa.

Abin da Amurkawa ke kira iyaka layi ne da ke matsawa yamma shekara bayan shekara, inda gonakin Turawa suka ƙare, ƙasar 'yan asali ta fara. A 1862 aka yi dokar da ta ba duk wanda ya zauna ya noma fili tsawon shekara biyar eka 160. A 1869 aka haɗa layin dogo daga gabas zuwa yamma a Promontory da ke Utah. Ɓakanen daji da ake lissafa su da miliyoyi, waɗanda su ne abinci da sutura da tantin ƙabilun fili, aka harbe su har suka koma 'yan ɗaruruwa kafin 1890. A wannan shekarar hukumar ƙidaya ta ce layin iyaka ya ɓace, don babu sauran wani babban yanki da ba a shiga ba.

A watan Yuli 1893, a gefen babban baje kolin duniya na Shikago, wani matashin masanin tarihi, Frederick Jackson Turner, ya gabatar da maƙalar da ta zama ginshiƙin yadda Amurkawa ke kallon kansu. Ya ce halin Ba'amurke, da dogaro da kai da ƙin sarauta da son dimokuraɗiyya, duk a bakin iyaka aka ƙera su, wurin kokawa da daji da kama ƙasar da ba ta kowa ba. A wajen shingen baje kolin kuma William Cody, wato Buffalo Bill, ya kafa filin wasansa yana cika shi da 'yan kallo. Shi labarinsa na yaƙi ne: ga matafiya cikin keken doki, ga mahara sun zagaye su da kururuwa, ga mahaya sun iso sun cece su. Turner ya ba da garma, Cody ya ba da bindiga. Fim ɗin kaboyi ya gaji biyun, ya kuma gaji ramin da ke ƙarƙashinsu: ƙasar tana da masu ita, kuma a tarihi su ne aka kai wa hari har gida.

Fim ɗin da aka fi ambata a matsayin mafari shi ne The Great Train Robbery na 1903, wanda Edwin S. Porter ya shirya wa kamfanin Edison. Minti 12 ne ko kusa da haka, kuma a dazukan New Jersey aka ɗauke shi, can gabas, nesa da yamman da yake nunawa. 'Yan fashi sun ɗaure mai buga waya a tasha, sun hau jirgi lokacin da ya tsaya shan ruwa, sun fasa akwatin kuɗi da nakiya, sun jera fasinjoji sun ƙwace abin hannunsu, sun harbe wanda ya yi yunƙurin gudu. Mutanen gari suka bar wurin rawa suka hau dawakai, suka cim musu a daji. Akwai wani hoto da ba ya cikin zaren labarin: wani mai gashin baki ya kalli 'yan kallo ido cikin ido, ya ɗaga bindiga ya harba. An bar wa mai sinima zaɓi ya sa shi a farko ko a ƙarshe. Ga masu kallon 1903 wannan labarin jarida ne, don ƙungiyar Butch Cassidy ta tare jirgi a Wyoming a 1900, shekara uku kacal kafin nan.

Daga 1905 ƙananan gidajen kallo na kwabo biyar suka cika biranen gabas. Masu shiga akasari leburori ne da baƙin haure daga Italiya da Poland da Rasha, da yawansu ba su iya Turanci sosai ba, ba su kuma taɓa ganin saniya a fili ba tun da suka sauka daga jirgin ruwa. Doki a guje ba ya bukatar tafinta. Zuwa 1910 kusan ɗaya cikin biyar na fina-finan da ake yi a Amurka na kaboyi ne. A nan baƙo ya koyi abin da ake so ya sani game da sabuwar ƙasarsa, kuma gani ya kori ji.

Abin da ke ba mutum mamaki idan ya zauna ya kalli abin da ya rage na shekarun 1908 zuwa 1913 shi ne yadda labarin bai riga ya daskare ba. Akwai fina-finai da dama da ɗan asalin ƙasa ne jarumi, Bature kuma azzalumi. A 1909 D. W. Griffith ya yi The Red Man's View, inda Turawa masu bindiga ke ta korar wata ƙabila daga zango zuwa zango har dattijonsu ya faɗi ya mutu a hanya. Kamfanin Pathé na Faransa ya ɗauki James Young Deer, wanda shi ma jinin 'yan asali ne, ya ba shi ragamar shirya fina-finai. Fim ɗinsa White Fawn's Devotion na 1910 shi ne mafi tsufa da ya rage daga hannun daraktan da ɗan asalin ƙasar ne. Labarin Bature ne da matarsa 'yar ƙabila da 'yarsu. Wasiƙar gado ta zo masa, matar ta zaci zai tafi ya bar ta, ta daɓa wa kanta wuƙa. Dangi suka kama mijin za su kashe shi, sai ga ta da ranta ta zo ta cece shi. A kwatanta da The Squaw Man na 1914, wanda Cecil B. DeMille ya yi tare da Oscar Apfel, wanda ake yawan kira dogon fim na farko da aka ɗauka a Holiwud. Can ma Bature ne ya auri 'yar ƙabila, kuma matar Young Deer ɗin, Lillian St. Cyr da aka sani da Red Wing, ita ta fito a matsayin. Amma a can sai da ta kashe kanta kafin labarin ya samu mafita, aka shirya kai ɗansu Ingila. Mafitar Young Deer ta bar iyali a raye. Ta DeMille ce ta zama ƙa'ida a shekarun da suka biyo baya.

Da masana'antar ta koma Kalifoniya don rana da duwatsu da arhar fili, Thomas Ince ya yi abin da ya canza girman aikin. Ya kama wani makeken fili kusa da Santa Monica, ya yi haya da dukan ayarin wasan 101 Ranch na Oklahoma lokacin hutunsu na hunturu: mahaya, dawakai, shanu, kekunan doki, da 'yan Oglala Lakota daga yankin Pine Ridge, waɗanda suka kafa tantunansu a wurin suka zauna. Fim ɗin The Invaders, wato Mahara, na 1912 daga nan ya fito, kuma a ganina yana cikin mafi gaskiya a duk zamanin. Ya buɗe da sa hannu kan yarjejeniya: gwamnati ta yi alkawari ba wanda zai shiga ƙasar Sioux, wato Lakota da danginsu. Shekara ta zagayo sai ga masu awon layin dogo da ma'aunansu. Sarkin ƙabilar, wanda William Eagle Shirt ya fito a matsayinsa, ya ɗauki takardar ya je barikin soja ya nuna, ba a yi komai ba. Daga nan yaƙi ya tashi. Mai kallo ya san sarai su wane ne maharan da sunan fim ɗin ke nufi. Duk da haka ƙarshen bai kauce wa hanya ba: 'yar sarkin ce ta kai wa barikin gargaɗi ta mutu a can, sojojin agaji suka iso, aka tarwatsa ƙabilar. An yarda an ci amanarsu, amma ba a yarda su yi nasara ba.

Mafi nauyi a zuciya shi ne abin da Buffalo Bill ya yi a 1913. Ya tsufa, bashi ya ci wasansa, sai ya nemi mafita a fim. Ya samu goyon bayan gwamnati da sojoji da Janar Nelson Miles, ya tafi Pine Ridge ya sake shirya kisan Wounded Knee a kan ƙasar da aka yi shi, da 'yan Lakota a matsayin waɗanda ake harbi, shekara 23 bayan abin, alhali waɗanda suka rasa iyaye da 'ya'ya a ranar suna nan a yankin. Chauncey Yellow Robe, wani malami ɗan Lakota, ya fito fili ya la'anci aikin, yana ganin cin mutuncin kaburbura ne don neman kuɗi da suna. Fim ɗin, The Indian Wars, bai yi kasuwa ba, kuma ɗan guntu ne kawai ya rage daga cikinsa.

Sai kuma shi kaboyin kansa, wanda a hankali ya ture kowa ya mamaye tsakiyar allo. Jarumi na farko da aka sani da suna shi ne Broncho Billy Anderson. Sunansa na yanka Max Aronson, ɗan Yahudawa daga Arkansas, kuma bai iya hawan doki ba lokacin da ya fito a fim ɗin Porter na 1903. Ya kafa kamfanin Essanay da abokinsa a 1907, ya yi gajerun fina-finai ɗaruruwa, da yawa a garin Niles na Kalifoniya. Shi ya kafa siffar da ta fi kowace daɗewa: mugun da ke da sauran imani. Ɗan fashi ne, amma ya tsinci yaro maras lafiya ko mace cikin wahala, sai ya sayar da 'yancinsa don ya cece su.

William S. Hart ne ya kai wannan siffa ƙololuwa. An haife shi a 1864, ya yi shekaru yana wasan Shakespeare a dandamali, ya shiga fim a 1914 yana dab da shekara 50. Doguwar fuska gare shi mai kamar an sassaƙa, ba ya yawan motsa ta, kuma a fim maras sauti wannan jari ne, don ƙiftawar ido ɗaya tana ɗaukar nauyin jumla. Ya tsani kwalliya. Rigarsa ta sha ƙura, garuruwansa rumfunan katako ne a kan titin yashi, mashayar cike da hayaƙi. A Hell's Hinges na 1916 ya fito a matsayin Blaze Tracy, ɗan bindigar da mai mashaya ya ɗauka ya kori sabon limamin coci daga gari. Ya je da niyyarsa, ya haɗa ido da ƙanwar limamin, ya cire hula. Daga baya an nuna shi zaune da dare yana karanta Baibul, ga kwalbar giya a gefe, ga sigari a hannu, yana bin layi da ƙyar. Limamin kuwa mai raunin zuciya ne, aka yaudare shi da mace da giya har ya cinna wa cocinsa wuta da hannunsa. Tracy ya dawo ya tarar da toka, ya shiga mashayar da bindiga biyu, ya harbo fitilu, ya ƙone garin ƙurmus.

A nan ne ake ganin cikin tunanin wannan fanni. Masu ibada da iyali da makaranta ba za su iya kare kansu ba. Sai an samu mutumin daji, mai hannu da jini, ya share musu hanya. Da ya gama kuma, ko dai ya ajiye bindiga ya zama ɗaya daga cikinsu, ko ya hau doki ya ɓace, don garin da ya gina ba shi da wurin ajiye irinsa. Al'umma ce ke gaya wa kanta cewa zubar da jinin da aka kafa ta a kai dole ce ta sa, kuma an riga an wuce wurin.

Rikicin ba kullum da 'yan asali ba ne. Dogon fim na farko na John Ford, Straight Shooting na 1917, kan ruwa ne. Wani hamshaƙin mai garke ya killace rafi ya hana manoma, ya ɗauko ɗan bindiga Cheyenne Harry, wanda Harry Carey ya fito a matsayinsa, ya kore su. Aka harbe ɗan manomi ya je ɗiban ruwa. Harry ya iso ya tarar da uba da 'yarsa a bakin kabari, daga nan ya juya wa ubangidansa baya. Abin ya faru da gaske: a 1892 manyan masu garke na Wyoming sun yi hayar 'yan bindiga daga Texas suka shiga gundumar Johnson da jerin sunayen waɗanda za a kashe. Duk wanda ya san rigimar burtali da mashaya tsakanin manomi da makiyayi a wajenmu zai gane zafin abin tun kafin rubutu ya fito a allo, sai dai a can mai shanun ne attajiri mai lauyoyi da 'yan majalisa, manomin kuma shi ne baƙo mai ƙaramin ƙarfi.

Kaboyin gaskiya lebura ne. Zamanin koro shanu daga Texas zuwa tashoshin jirgi na Kansas bai wuce shekara ashirin da 'yan kai ba, daga 1866 zuwa tsakiyar shekarun 1880. Waya mai ƙaya da aka yi wa rajista a 1874 ta tsinka hanyoyin, mummunan hunturun 1886 zuwa 1887 ya ƙarasa sauran. Aikin kwana a ƙasa ne da shaƙar ƙura a bayan garke, kan albashin da bai taka kara ya karya ba. Sana'ar kanta, da sirdinta da igiyarta, daga makiyayan Meziko aka koye ta. Masana tarihi da dama na ƙiyasta cewa kusan ɗaya cikin huɗu na masu koro shanun baƙaƙen fata ne, da yawansu 'yantattun bayi. Allon Holiwud ya wanke su fes. Sun samu gurbi ne kawai a fina-finan da aka yi don gidajen kallon baƙaƙe. Bill Pickett, wanda ya shahara da kayar da bijimi ta hanyar kama ƙaho, ya fito a The Bull-Dogger da The Crimson Skull a farkon shekarun 1920, na biyun an ɗauke shi a Boley, garin baƙaƙe zalla a Oklahoma. Oscar Micheaux, wanda shi da kansa ya kama fili ya noma a Dakota ta Kudu, ya mayar da rayuwarsa fim a The Homesteader na 1919. Wannan ya ɓace, na Pickett ma sai 'yan guntaye.

Da aiki ya ƙare a fili, kaboyin gaske da yawa sun gangaro Holiwud suna faɗowa daga doki kan 'yan daloli a rana. Tsofaffin 'yan fashi ma sun zo. Emmett Dalton, wanda ya tsira da raunuka daga fashin banki na Coffeyville a 1892, ya fito a fim kan ƙungiyarsu a 1918. Henry Starr ya yi fim a 1919 kan fashin da ya kai shi kurkuku, ya koma sana'arsa, aka harbe shi a wani banki a Arkansas a 1921. Wyatt Earp, tsohon ɗan sandan garuruwan yamma da ya yi suna da bindiga, ya ƙare rayuwarsa a Los Angeles yana zama da 'yan fim, kuma da ya mutu a 1929 Hart da Tom Mix suna cikin masu ɗaukar makararsa. Kowa ya zo da labarinsa ya shafa masa shuni, kamfani kuma ya buga a talla cewa ga shaidar gani da ido.

Tom Mix shi ne kishiyar Hart: farar hula, riga mai ado, doki mai wayo da ake kira Tony, tsalle daga dutse zuwa jirgi. Ba ya wa'azi, ba ya nadama, yara ke cika masa sinima. Zuwa farkon shekarun 1920 shi ke jan kasuwa, kuma salonsa ne ya haifi akta mai farar hula da bos mai baƙa.

Daga 1923 fannin ya sa babbar riga. The Covered Wagon na James Cruze ya bi ayarin kekunan shanu masu rumfa zuwa Oregon a 1848, da ƙetare kogi da farautar ɓauna da gobarar daji, ya yi mako 59 ana nuna shi a sinima ɗaya a birnin New York. Garma ce zuciyar fim ɗin. An nuna 'yan asalin ƙasa suna kallon ta a matsayin makamin da zai binne ɓauna ya tumɓuke daji, kuma sun yi gaskiya. Fim ɗin ya bar su sun faɗi haka, sannan ya ci gaba da bikin garmar. A 1924 Ford ya yi The Iron Horse kan gina layin dogo. Ya nuna leburori 'yan Ailan da Italiya da Sin suna buga ƙusa kafaɗa da kafaɗa, hoton ƙasa ɗaya da aka ɗinke bayan yaƙin basasa. Ya kamata a san cewa 'yan Sin ɗin, waɗanda su ne mafi yawan ma'aikatan ɓangaren yamma na layin, an yi dokar hana irinsu shigowa a 1882, kuma a shekarar da fim ɗin ya fito majalisa ta ƙara ƙuntata ƙofa ga 'yan kudanci da gabashin Turai. Wata dabara ta bayyana a nan wadda aka yi ta maimaitawa: babban mugun Bature ne mai yatsu biyu da ke shigar 'yan ƙabilar Cheyenne yana zuga su. Ta haka an cire wa ƙabilar dalilinta na yaƙi, an mayar da ita sanda a hannun wani.

Hart ya yi fim ɗinsa na bankwana, Tumbleweeds, a 1925, kan tseren kama fili na 16 ga Satumba 1893, ranar da mutum kusan 100,000 suka jeru a kan layi a Oklahoma suna jiran ƙarar bindiga da tsakar rana. Wannan tsere yana cikin mafi kyawun abin da aka taɓa ɗauka da kyamara: dawakai, kekunan doki, har da mai keke mai babbar ƙafa, ƙura ta turnuƙe, Hart a kan doki kamar ba ya taɓa ƙasa. Ina kallonsa zuciyata na bugawa, kuma ba na jin kunyar hakan. Amma baƙin cikin da fim ɗin ke yi na kaboyi ne da za a kori shanunsa. Ƙasar ta Cherokee ce, mutanen da aka koro daga kudu maso gabas a 1838 a tafiyar da ta ci rayuka kusan 4,000, aka ba su wannan, sannan aka matsa musu suka sayar. Sunansu na kan filin, su kuwa ba sa cikin labarin. Daga dokar raba filayen ƙabilu ta 1887 zuwa 1934, ƙasar da ke hannun 'yan asali ta ragu daga eka miliyan 138 zuwa miliyan 48. Wato ana nuna waɗannan fina-finai ne a daidai lokacin da ake kan karɓar filin.

Ko tausayi ma yana da tarkonsa. The Vanishing American na 1925, wanda aka ɗauki wani ɓangarensa a kwarin duwatsu na Monument Valley tun kafin Ford ya mayar da wurin gidan ɗaukar fina-finansa, ya nuna jami'in gwamnati ɓarawo yana ƙwace dawakai da filayen ƙabilar Navajo, ya nuna samarinsu sun je yaƙin duniya na farko sun dawo sun tarar an ci amanarsu. Gaskiya ne fiye da 12,000 daga 'yan asalin ƙasar sun yi wa Amurka yaƙi, kuma sai a 1924 aka ba dukansu takardar zama 'yan ƙasa. Amma jarumin Bature ne, Richard Dix, da aka shafa wa fenti, kuma fim ɗin ya buɗe da dogon bayani cewa kowace al'umma wata mai ƙarfi ce ke shafe ta. Zalunci ya zama ƙaddara, mai kallo ya share hawaye ya tafi gida ba a bin shi bashin komai. Ƙidayar 1900 ta samu 'yan asali kusan 237,000. A ƙidayar 2020 mutum miliyan 3.7 suka ce su 'yan asali ne zalla, miliyan 9.7 in an haɗa da masu gaurayen jini. Ba su ƙare ba.

Rashin sautin kansa yana da hannu a duk wannan. Ɗan Lakota na iya tsayawa gaban kyamara ya yi magana da harshensa, leɓensa na motsi, amma abin da mai kallo zai karanta shi ne abin da wani marubuci a ofis ya rubuta a allo, ko da gurɓataccen Turanci ko da kalaman ban tausayi na mai shirin mutuwa. Mai kaɗa fiyano a gaban allo kuma yana da littafin kiɗa da aka tanada: da gashin tsuntsu ya bayyana a kan tudu sai ya koma bugun ƙasa-ƙasa mai kama da ganga, tsoro ya shiga ɗaki tun mutumin bai yi komai ba. Wannan rashin sautin ne kuma ya buɗe wa fannin duniya, don canza allon rubutu zuwa wani harshe ba shi da tsada. Faransawa sun san Hart da sunan Rio Jim, har sun yi nasu fina-finan kaboyi a fadamun Camargue kafin yaƙin duniya na farko.

Akwai fim ɗaya da ya fita daban. The Daughter of Dawn na 1920 an ɗauke shi a duwatsun Wichita na Oklahoma da 'yan Comanche da Kiowa kusan 300, babu Bature ko ɗaya a allo. Sun zo da tantunansu da tufafinsu da kayansu na gida. Cikin manyan 'yan wasan akwai White Parker da Wanada Parker, 'ya'yan Quanah Parker, shugaban Comanche da ya yi yaƙi da sojoji har 1875. Labarin soyayya ne da Bature ya rubuta, ba wani abin a zo a gani ba, amma yadda mace ke ɗaure kaya, yadda ake hawa doki ba sirdi, yadda dattawa ke magana da hannu, nasu ne. An ɗauka ya ɓace shekaru da dama, sai kwafi ya ɓullo a hannun wani mutum, ƙungiyar tarihi ta Oklahoma ta saya ta gyara, aka sa shi a kundin fina-finan ƙasa a 2013.

Irin wannan sa'a ba ta da yawa. Faifan wancan zamani da sinadarin nitrate aka yi shi, yana ruɓewa, yana kuma kamawa da wuta da kansa in ya ji zafi. Binciken da ɗakin karatu na majalisar Amurka ya fitar a 2013 ya nuna cewa cikin dogayen fina-finai marasa sauti kusan 11,000 da aka yi a ƙasar, kashi 70 cikin 100 sun ɓace gaba ɗaya. Gobarar rumbun kamfanin Fox a New Jersey a 1937 ta cinye mafi yawan aikin Tom Mix. Straight Shooting ma a rumbun fina-finai na Prague aka tsince shi.

Sauti ya shigo daga 1927, kuma da farko an zaci na'urar ɗaukar murya ba za ta jure iska da kofato ba, sai In Old Arizona ya nuna za ta iya a ƙarshen 1928. Hart bai yi fim mai magana ba, in ban da jawabin bankwana da ya ɗauka a 1939 aka liƙa a gaban Tumbleweeds. Kaboyin da ya iso gidajen sinima na Kano, bayan buɗe sinimar Rex a 1937, da na Yamai da Damagaram, mai magana ne, amma ƙashin bayansa tun zamanin shiru aka gina shi. Ya shiga jinin samari har Moustapha Alassane na Nijar ya yi fim a 1966 kan wani matashi da ya dawo ƙauye daga tafiya da akwati cike da kayan kaboyi, ya raba wa abokansa, suka hau dawakai suka addabi garinsu. Yawancin fina-finan da suka tsira daga shekarun 1903 zuwa 1925 sun fita daga haƙƙin mallaka, ana samun su kyauta a intanet, ciki har da The Invaders da Hell's Hinges da White Fawn's Devotion.